Lillian Gish: Fuskar Tausayi da Taurin Kan da Ke Bayanta

A watan Maris na 1920, a kan wani kogi da ya daskare kusa da garin White River Junction na jihar Vermont a Amurka, wata mata 'yar shekara 26 ta kwanta a kan ɓallin ƙanƙara da ruwa ke tafiya da shi, daga ita sai 'yar riga marar kauri, ta saki gashin kanta da hannunta ɗaya cikin ruwan da ko yatsa mutum ba zai so ya tsoma ba. Fim ake ɗauka, kuma ba darakta ne ya umarce ta da sakin hannun ba, ita ce ta kawo shawarar don tana ganin hakan zai fi ratsa zuciyar mai kallo. An yi kwanaki ana maimaita ɗaukar, gashin yana daskarewa, hannun yana mutuwa, kuma jijiyoyin yatsunta ba su sake komawa daidai ba har ta bar duniya bayan fiye da shekara 70. Wanda ya kalli fim ɗin, mai suna Way Down East, abin da zai gani shi ne wata baiwar Allah da aka yaudara da auren bogi, jaririnta ya mutu a hannunta, aka kore ta daga gidan da take aikatau cikin guguwar dusar ƙanƙara, ta faɗi sumammiya, ruwa yana jan ta zuwa magangara. Ba zai taɓa tsammanin cewa wannan abar tausayi ita ce mutum mafi juriya a cikin duk ma'aikatan da ke bakin kogin ba.

Matar ita ce Lillian Gish, kuma daga wannan tazara da ke tsakanin abin da 'yan kallo suka gani da abin da ya faru a bayan kyamara ya kamata a fara, in ana son a fahimci rayuwarta. A majigi babu wanda ya kai ta iya nuna rauni: siririya, mai manyan idanu, wadda kullum duniya ke tattakawa. A zahiri kuwa mace ce mai kafiya da lissafi, wadda ta shafe shekara 85 tana aiki, daga hawanta dandamali na farko a 1902 zuwa fim ɗinta na ƙarshe a 1987, kuma in ta tsaya a kan abu sai dai a gaji a bar ta. Wannan kafiya ce ta sa ta zama uwa ga masu wasa a gaban kyamara, ita ce kuma ta hana ta, har ta mutu, amsa laifin da ke cikin fim mafi suna da ta taɓa fitowa a ciki.

An haife ta ranar 14 ga Oktoba 1893 a Springfield ta jihar Ohio. Mahaifinta, James Gish, mashayi ne da bai iya riƙe aiki ba, kuma tun yaran suna ƙanana ya watsar da iyalinsa, ya bar matarsa Mary da 'ya'ya mata biyu, Lillian da ƙanwarta Dorothy wadda aka haifa a 1898. Babu ce ta kai su wasan daɓe. A wancan zamani, kafin rediyo da talabijin, ɗaruruwan ƙungiyoyin wasan kwaikwayo ne ke zagaya Amurka a jirgin ƙasa, su yi wasa yau a wannan gari, su kwana a hanya, gobe su yi a na gaba, kuma kusan kowane labarinsu yana bukatar ƙaramar yarinya da mugu zai sace ko ya yi barazanar hallakawa domin a tsinka zukatan iyaye mata. Wannan gurbi Lillian ta cike tun ba ta kai shekara 10 ba, sau da yawa ba tare da mahaifiyarta ba, domin uwar da Dorothy suna bin wata ƙungiyar daban. A hannun wata 'yar wasa ake damƙa ta amana, ta kwana a bencin tashar jirgi, ta tara ɗan abin da ya rage na albashi ta aika wa uwarta. Karatu kuwa tsinta-tsinta ta yi shi. Ga kuma wata ƙungiyar kare yara ta New York da 'yan wasa ke kira Gerry, da sunan shugabanta Elbridge Gerry, wadda ke farautar yaran da ake sa wa aikin dandamali, har ya zama dole iyaye su riƙa ƙara wa 'ya'yansu shekaru. Daga baya, da fim ya zo yana neman 'yan mata ɗanyu shar, sai lissafin ya juya aka koma ragewa, shi ya sa tsofaffin littattafai da yawa suka rubuta cewa a 1896 aka haife ta.

A idon masu mutunci na wancan lokaci ɗan wasa ba mutum ne da za a ba wa aure ko hayar ɗaki da daɗin rai ba. Ko a cikin 'yan wasan ma akwai na sama da na ƙasa, kuma fim shi ne can ƙarshen layi. Fina-finan farko gajeru ne, na minti 10 zuwa 15, ana nuna su a shagunan da aka jera wa kujeru, kuɗin shiga santi 5, mafi yawan masu shiga kuma leburori ne da 'yan ci-rani daga Turai waɗanda Turanci bai zauna musu ba tukuna. Ɗan wasan daɓe mai ji da kansa ba ya zuwa kamfanin fim sai aiki ya yanke masa, kuma ya fi son kada a ambaci sunansa. Su ma kamfanonin haka suka fi so, domin sun san ranar da jama'a suka san sunan ɗan wasa, ranar ce zai nemi ƙarin kuɗi.

A 1912 Lillian da Dorothy suka ga wata ƙawarsu ta yarinta, Gladys Smith, a cikin wani fim, suka je ofishin kamfanin Biograph da ke titi na 14 a New York domin su gaishe ta, sai suka tarar ta riga ta canza suna zuwa Mary Pickford. Ita ce ta gabatar da su ga daraktan kamfanin, D. W. Griffith. Kamar yadda Lillian ta sha ba da labari, gwajin da ya yi musu shi ne ya zaro bindiga ya riƙa harbi sama yana bin su da gudu a ɗakin ɗaukar hoto domin ya ga yadda tsoro ke bayyana a fuskokinsu, kuma da ya kasa bambance su sai ya ɗaura wa Lillian shuɗin ƙyalle a gashi, Dorothy ja, yana kiran kowace da launinta. A shekarar suka fito tare a An Unseen Enemy, ana biyan kowace dala 5 a rana.

Ba za a gane girman abin da ta yi ba sai an san matsalar da ta tarar. Ɗan wasan daɓe na wancan zamani yana wasa ne a zaure mai cin mutum dubu ko fiye, babu lasifika, don haka dole ya ɗaga murya ya kuma faɗaɗa motsi yadda na kujerar ƙarshe zai gane. Har sun zama suna da alamomi sanannu: a ɗora bayan hannu a goshi alamar baƙin ciki, a dafe ƙirji alamar so, a zaro ido a ja da baya alamar firgita. Da waɗannan mutane suka shiga fim, sai aka ƙwace musu muryar gaba ɗaya, domin fim ɗin lokacin ba ya ɗaukar sauti. Jefi-jefi ake saka allon rubutu mai ɗauke da 'yar magana, wani kuma yana kaɗa piyano a gaban majigi. Da suka rasa murya sai suka ninka motsin, abin ya koma kamar mai fama da aljanu. A daidai wannan lokaci ne Griffith ya riƙa matso da kyamara kusa da fuska. Ba shi ya ƙirƙiri ɗauka ta kusa ba, ko da yake ya yi iƙirarin haka, amma shi ya mai da ita hanyar ba da labari. To, fuskar da ta cika bango guda ba ta bukatar zare ido, ƙiftawa ɗaya ta isa, kuma duk ƙaryar da ɗan wasa ya yi a fili take. Lillian Gish tana cikin waɗanda suka fara gane cewa a gaban kyamara ragewa ake yi, wato mutum ya ji abin a cikinsa ya bar ido da leɓe da 'yan yatsu su tona asirin.

Makarantarta ita ce hanyar aikin Griffith. Ba ya amfani da rubutaccen labari, a kansa yake riƙe komai, sai ya tara 'yan wasa a ɗaki marar kaya su yi ta gwaji makonni kafin a taɓa kyamara, saboda a lokacin zaren fim ya fi lokacin ɗan wasa tsada. Kowa a ƙungiyar yana yin komai: yau kai ne jarumi, gobe ɗan rakiya a cikin taro. Lillian ba ta tsaya a wasa ba, ta shiga ɗakin wanke hoto da na yanka da haɗawa, ta koyi yadda haske ke sauka a fuska daga mai ɗaukar hoto Billy Bitzer, ta riƙa zuwa asibitoci da gidajen masu taɓin hankali tana nazarin yadda ciwo da firgici ke motsa jikin mutum.

Amfanin wannan karatu ya fito sarai a Broken Blossoms na 1919, inda tana da shekara 25 ta fito a matsayin yarinya Lucy, 'yar wani ɗan dambe mashayi a unguwar talakawa ta Limehouse a Landan. Uban ya saba dukanta, kuma in ya gama sai ya umarce ta da ta yi murmushi. Yarinyar da ba ta taɓa samun dalilin murmushi ba ba ta san yadda ake yinsa ba, sai ta sa yatsu biyu ta tura gefen leɓunanta sama, idanun kuwa suna nan cike da tsoro. Wannan ɗan motsi na daƙiƙa biyu ya faɗi abin da allon rubutu goma ba zai faɗa ba. Kusa da ƙarshen fim ɗin ta kulle kanta a wani ɗan ƙuntataccen ɗakin ajiya, uban yana sarar ƙofar da gatari, ita kuwa tana juyawa a wuri ɗaya kamar ɓeran da ya faɗa tarko, tana dafa bango nan, ta dafa can. Babu sauti ko kaɗan, amma mai kallo ko a yau sai ya ji kamar ihun yana shiga kunnensa. Duk ɗan wasan da darakta ya ce masa ya rage, kyamara tana gani, daga wannan makaranta aka gado maganar.

A 1920 ta ba da umarnin fim ɗaya da kanta, Remodeling Her Husband, wanda Dorothy ta ja, ba ta kuma sake ba. Fim ɗin ya ɓace, kamar yadda kusan kashi 70 cikin 100 na dogayen fina-finan Amurka marasa sauti suka ɓace, saboda zaren lokacin yana ruɓewa, yana kama wuta da sauƙi, kamfanonin kuma ba su ga amfanin adana shi ba. Bayan Orphans of the Storm na 1921 ta rabu da Griffith ba tare da faɗa ba, domin darajarta a kasuwa ta wuce abin da aljihunsa zai iya biya. Ta tafi Italiya ta yi The White Sister a 1923 da kamfanin wani lauya, Charles Duell, wanda daga baya ya maka ta a kotu yana neman ya hana ta yi wa kowa aiki sai shi. Reshe ya juye da mujiya a 1925: alƙali ya kori ƙarar, ya kuma sa a tuhumi Duell da rantsuwa a kan ƙarya.

A wannan shekarar ta sa hannu da kamfanin fim na MGM a kan dala 800,000 na fina-finai 6, tare da abin da ya fi kuɗin wuyar samu, wato ta cewa a kan labari da darakta da abokin wasa. Ta kuwa yi amfani da damar ba da wasa ba. Ita ta zaɓi darakta King Vidor da jarumi John Gilbert domin La Bohème na 1926, kuma Vidor ya ba da labarin cewa ta yi kwanaki tana ƙaurace wa ruwa kafin a ɗauki wurin da tarin fuka ke kashe ta, har ya tsorata cewa mutuwar ta gaske ce. Da ta nemi a yi The Scarlet Letter, labarin matar da ta haihu ba da mijinta ba a cikin al'ummar masu tsananin addini, kamfanin ya ce coci-coci da ƙungiyoyin mata ba za su yarda ba. Sai ta rubuta musu da kanta, ta jingina mutuncinta, suka janye adawar. Ta ɗauko darakta Victor Sjöström da jarumi Lars Hanson, dukansu 'yan Suwidin, kwalliya kuma ta biya kuɗin sabulu.

Da su ɗin ne ta yi The Wind, wanda a ganina shi ne ƙololuwar aikinta. Labarin wata yarinya ce daga Virginia da ta koma zama a ƙeƙasasshen yankin Texas, inda iska ba ta tsayawa dare da rana, rairayi yana shiga abinci da shimfiɗa, har hankalinta ya fara gushewa; ta harbe mutumin da ya keta mata haddi, ta binne shi a rairayi, sai ta riƙa ganin iska tana tono gawar. An ɗauki fim ɗin a hamadar Mojave a 1927, cikin zafin da ya kusa digiri 49, da farfelar jiragen sama 8 suna watsa mata yashi a fuska. A littafin da aka ɗauko labarin, yarinyar haukacewa take yi ta shige guguwa. A fim ɗin kuwa an rufe da sulhu tsakaninta da mijinta, abin da Lillian ta yi ta ƙorafi a kansa har tsufanta. Kamfanin ya ajiye fim ɗin bai sake shi ba sai Nuwamba 1928, kuma kafin nan kasuwa ta tashi.

An saba cewa zuwan sauti ne ya kawar da ita daga Hollywood, tun da The Jazz Singer ya fito a Oktoba 1927 ya juya masana'antar. Wannan bayani bai cika ba, domin mace ce da ta tashi a dandamali, muryarta lafiya lau, ta kuma nuna haka a fim ɗinta na farko mai magana a 1930. Dalilan sun fi haka yawa. Ɗanɗanon 'yan kallo ya canza, sun gaji da yarinyar kirki mai shan wahala, suna son wayayyun mata masu ɗaukar ido, kuma MGM ta riga ta samu Greta Garbo tun 1925 a kan albashin da bai kama ƙafar na Gish ba. Sannan tsarin kamfanonin ya koma irin na masana'anta, inda furodusa ke da wuƙa da nama, kuma jarumar da ke zaɓar daraktanta tana karɓar makudan kuɗi ta zama ƙashin kifi a wuyansu. Jaruma Louise Brooks, wadda ta ga zamanin da idonta, ta rubuta daga baya cewa da gangan shugabannin kamfanoni suka yi amfani da Garbo wajen karya Gish. Ita ma dai ba ta taɓa son fim mai magana ba. A wurinta fim marar sauti harshe ne da Bajamushe da Bajapane da Ba'amurke duk suke ji ba tare da tafinta ba, magana kuwa ta zo ta raba su.

Ba ta zauna jiran tsammani ba, ta koma inda ta fito. A 1930 ta hau dandamalin New York a wasan Uncle Vanya na Chekhov, a 1936 kuma, tana da shekara 43, ta fito a matsayin Ophelia tare da John Gielgud a Hamlet. Ta shiga talabijin tun yana sabo. Ta riƙa komawa fim jefi-jefi a matsayin uwa ko gwaggo, har aka sa sunanta a takarar Oscar saboda Duel in the Sun na 1946. Daga cikin ayyukanta na wannan zango, wanda ya fi nuna ainihinta shi ne The Night of the Hunter na 1955, fim ɗaya tilo da Charles Laughton ya ba da umarni. A nan ta fito a dattijuwa mai riƙon marayu, wadda wani mai wa'azin ƙarya, makashin mata, ya zo ƙwace yara biyu daga hannunta. Tsakar dare yana zaune a waje yana rera waƙar coci don ya tsorata ta, ita kuma tana kan kujera a baranda da bindiga a cinya, ba ta motsa ba, can sai ta ɗauki waƙar tana amsa masa. Bayan shekara 40 ana ceton ta a majigi, a karon nan ita ce mai tsaron ƙofa. An ba ta Oscar ta girmamawa a 1971, ta yi fim ɗinta na ƙarshe, The Whales of August, tare da Bette Davis tana da shekara 93, ta rasu a New York ranar 27 ga Fabrairu 1993 tana da shekara 99. Ba ta taɓa aure ba, ba ta haihu ba. Uwarta da Dorothy, wadda ta rasu a Italiya a 1968, su ne iyalinta.

Da gangan na jinkirta maganar fim ɗaya, domin shi ne inda lissafin ke rikicewa. A Fabrairu 1915 Griffith ya saki The Birth of a Nation, fim na kimanin awa 3 a kan yaƙin basasar Amurka na 1861 zuwa 1865 da shekarun da suka biyo bayan 'yanta bayi, wanda ya ɗauko daga littafin wani mai wa'azi ɗan wariya, Thomas Dixon. Ta fuskar fasaha da kasuwa ba a taɓa ganin irinsa ba: an sayar da tikiti har dala 2 a New York, an kuma nuna shi a Fadar White House zamanin Shugaba Woodrow Wilson. Abin da ke cikinsa kuwa ƙarya ce tsagwaronta a kan tarihi. Ya nuna baƙar fatan da suka samu 'yancin zaɓe a matsayin jahilai masu kwaɗayin matan farar fata, Turawa da aka shafa wa baƙin fenti ne suka taka manyan rawar baƙaƙen, ya kuma mai da 'yan ta'addar Ku Klux Klan jaruman da suka ceci ƙasa. Ƙungiyar kare haƙƙin baƙar fata ta NAACP ta yi ta fafutukar a hana nuna shi, ɗan jarida William Monroe Trotter ya jagoranci zanga-zanga a Boston, amma fim ɗin ya ci gaba da cin kasuwa. A Nuwamban shekarar aka sake kafa Klan a dutsen Stone Mountain na jihar Georgia, bayan ta daɗe da mutuwa, ta ɗauki ƙona gicciye daga littafin da fim ɗin, ta yi ta amfani da fim ɗin wajen ɗaukar sababbin mambobi har suka kai miliyoyi a shekarun 1920.

Lillian ce ta fito a matsayin Elsie Stoneman, 'yar wani ɗan majalisa daga arewacin ƙasar, wadda wani ɗan siyasa ruwa-biyu ya kulle a ɗaki yana neman aurenta da ƙarfi, sai ga mahayan Klan cikin fararen kaya sun zo a guje sun kuɓutar da ita. A nan ne ya kamata a dubi fuskar nan da kyau. A kudancin Amurka na wancan zamani, zargin taɓa mace farar fata shi ne hujjar da gungun mutane suka fi fakewa da ita wajen rataye baƙar fata ba tare da shari'a ba, kuma 'yar jarida Ida B. Wells ta riga ta tona ƙaryar wannan hujja tun 1892. Fim ɗin yana bukatar fuskar da duk wanda ya gan ta zai ji cewa kowane irin kisa ya halatta domin kare ta, kuma babu wadda ta mallaki wannan fuska kamar Lillian Gish. Wato baiwar da ta sa ake kuka saboda Lucy ita ce dai aka ɗaura wa Klan a matsayin tuta.

Adalci ne a ce a lokacin shekararta 21, ma'aikaciya ce mai karɓar albashin mako, ba ita ta rubuta labarin ba, ba ta kuma da ikon canza shi. Inda alhaki ya hau kanta shi ne shekaru fiye da 70 da suka biyo baya. A littafin tarihin rayuwarta na 1969, da laccocin da ta yi ta zagayawa da su a jami'o'i, da hirarrakinta har tsufa, ta kafe kai da fata cewa Griffith ba ya ƙin baƙar fata, ɗan kudu ne kawai da ya ba da labari yadda ya ji shi daga mahaifinsa, kanar a rundunar 'yan aware. Bayan Griffith ya mutu a 1948, masana'antar ta riga ta manta da shi, ita ce ta ɗauki nauyin raya sunansa, har ta yi ta bin hukuma aka buga kan sarki mai hotonsa a 1975. Kuma ba za a ce ba ta iya nadama ba. Ta fito a Hearts of the World na 1918, fim ɗin farfagandar yaƙi da ya nuna Jamusawa a matsayin dabbobi, ta kuma yi ta bayyana takaicinta a kansa, har ya zama cikin dalilan da suka sa ta shiga ƙungiyar America First a 1941 mai adawa da shigar Amurka yaƙin duniya na biyu, matakin da ya jawo mata rasa aiki kafin ta fice. Ta gane cewa fim yana iya cusa ƙiyayyar al'umma guda, ta faɗa da bakinta game da Jamusawa, amma da aka zo kan baƙar fatan ƙasarta sai ta yi kunnen uwar shegu. A fahimtata biyayya ce ta rufe mata ido: mutumin da ya tsamo ta daga bencin tashar jirgi ya koya mata sana'a ya zame mata uban da ba ta samu ba, har ta mutu ba ta kiransa da komai sai Mista Griffith.

Rigimar ta biyo ta kabari. Jami'ar Bowling Green da ke jiharta ta Ohio ta sa wa wani zauren nuna fim sunan Lillian da Dorothy tun 1976. A farkon 2019, bayan an nuna fim ɗin gaskiya na darakta Ava DuVernay mai suna 13th, wanda ya yi bayanin ɓarnar da The Birth of a Nation ya yi, ƙungiyar ɗalibai baƙar fata ta nemi a cire sunan, hukumar jami'ar kuma ta amince a watan Mayu. Fiye da mutum 50 daga manyan masana'antar, cikinsu har da Martin Scorsese da Helen Mirren da James Earl Jones, suka sa hannu a takardar neman a mayar da shi, suna cewa ba daidai ba ne a auna aikin shekara 85 da fim ɗaya. Suna da hujja, musamman da yake Dorothy ko fitowa ba ta yi a fim ɗin ba amma hukuncin ya haɗa da ita. Su ma ɗaliban suna da tasu, domin ba a tilasta wa jikokin waɗanda aka rataye su riƙa wucewa kullum ta ƙarƙashin sunan wadda ta ƙi ko da cewa an yi kuskure. Jami'ar ba ta janye ba.

Dukiyar da ta bari kuwa wani wuri ta nufa. Ta yi wasiyya a kafa kyauta da sunanta da na ƙanwarta, wadda ake bayarwa kowace shekara tun 1994 ga mai fasahar da aikinsa ya amfani duniya, kuma tana cikin mafi tsoka a Amurka. A 2010 Chinua Achebe ne ya karɓe ta, dala 300,000, marubucin da ya shafe rayuwarsa yana warware irin hoton da Turawa suka zana wa baƙar fata. A 2013 ta faɗa hannun Spike Lee, wanda tun yana ɗalibi ya yi gajeren fim na raddi ga The Birth of a Nation. A 2020, shekara guda bayan an sauke allon sunan a Bowling Green, kwamitin kyautar ya miƙa ta ga Ava DuVernay.